Yadda Na Jawo Yaya Ilu Daga Sashen Tufka da Warwara

Da sunan Allah nake buɗe baki, Shi da babu abin da ya riga Shi, babu kuma abin da zai saura bayanSa. Bayan haka, ni ce Yalwa 'yar Malam Tanimu maɗinki, mutuniyar Gangaren Shuni, a ƙasar da rana biyu ke fitowa, Fara da sassafe, Ja da hantsi. Ni na taka wannan tafiya da ƙafata, ni na sha ranarta, ni kuma zan faɗe ta. Mai wurin zuwa ya ɗan dakata, ba zan ja shi da nisa ba, don na ga abin da jan labari ke yi wa mutum.

Babanmu aikin allura yake yi wa manyan riguna, kuma mu biyu ya haifa, Yaya Ilu da ni. Mahaifiyarmu ta rasu tun ban yi wayo ba. Baba yana da wani hali, ba ya iya ɗinki shiru, sai ana ba shi labari allurarsa ke tafiya. Yaya Ilu ne mai ba shi. Da ya ƙarar da labaran garinmu da na fatake, sai ya ji an ce akwai wata jami'a a Dutsen Amsa-Kuwwa inda ake koyon labari tun daga saiwarsa. Ya ce zai je ya ɗebo abin da zai ishi Baba har ƙarshen rayuwa, ba zai daɗe ba. Ya tafi ina budurwa. Na yi aure, auren ya mutu, na dawo gida, Yaya Ilu shiru kake ji.

Sai idon Baba ya fara tafiya. Da farko kore da shuɗi suka haɗe masa, daga baya sai ni ke zura masa zare. Mai maganin ido ya duba ya ce hasken da ya rage ba lallai ya kai kaka ba. Rannan Baba ya ajiye allura ya ce, "Yalwa, duhu ba ya ba ni tsoro. Fuskar yayanki kawai nake so in sake gani kafin a rufe." Wallahi ban bari ya maimaita ba. Na damƙa shi hannun maƙwabta, na ƙulle guzuri, na kama hanya.

Na hau keken fatake da jiminu ke ja, na ƙetare kogin nan da ke gudu yana hawan tudu, duk ban tsaya kallo ba. Abin da ya tsayar da ni shi ne Filin Ƙi-Sauri. Fili ne fetal, kana hango dutsen jami'ar a ƙarshensa kamar ka miƙa hannu ka taɓa, amma duk wanda ya shige shi da gaggawa a zuciya, ƙasar miƙewa take yi a ƙarƙashin ƙafarsa. Ni kuwa gaggawa ce ta kawo ni! Na yi tafiya har ƙafafuna suka yi bororo, in na waiga sai in ga bishiyar kukar da na baro a bakin filin tana nan bayana, ko inuwarta ban fita ba.

Ina zaune ina huci, sai jakin wani matafiyi ya zura baki a ƙunshina ya cinye mini ƙuli-ƙuli tas. Mai jakin ko sannu bai ce ba, ya kaɗa abinsa ya yi gaba. Kai! Na tashi na bi shi ina wanke shi, shi da jakin da wanda ya sayar masa da jakin. Yana ramawa ina ƙarawa. Sai da na tsaya in haɗiyi yawu na ga ashe muna gindin dutsen. Faɗa ya mantar da ni sauri, filin ya sake ni.

A ƙofar jami'ar na tarar da mai gadi zaune a waje. Ya ce doka ita ce ba a shiga sai wanda ke ciki ya ce a shigo, kuma ba a kiran na ciki daga waje. Na ce, "To ta ina mutum zai fara?" Ya ce wannan tambaya ma akwai masu nazarinta a ciki. Na dube shi, na dubi ƙofar, na kwance bakin zanena na saki gorubar da ta rage mini ta gangara cikin harabar. Bawan Allah, mai kirki ne, ya bi ta da gudu ya tsince, ya ɗago yana cewa, "Baiwar Allah, zo ki karɓi abinki." Na ce na gode, na shige.

Abin da na fara ji a ciki muryoyi ne. Daga jikin dutsen suke fitowa, na maza da na mata, kowace tana faɗin rabin zance tana tsayawa. Na wuce sashen taurari, na wuce na magunguna, ina tambayar Ilu ɗan Tanimu, har wani ya nuna mini wani gini a can ƙurya ya ce, "Sashen Tufka da Warwara. Allah Ya ba ki haƙuri."

Su mutanen wannan sashe aikinsu nazarin maganar da ke warware kanta, da labarin da ke ɗauke da kansa a cikinsa. Na leƙa wani aji na ji ana musu a kan mutumin da ya yi alkawarin ba zai taɓa cika alkawari ba, wai in ya saɓa wannan ya cika ne ko ya saɓa. A wani ajin malami na koyar da cewa babu abin da ake iya koya wa wani, kuma duk ɗalibin da ya gane darasin ya faɗi. Ba mahaukata ba ne, kada ku ɗauka haka. Ban taɓa ganin masu kaifin kai irinsu ba, kaifin ne ma ya yi musu yawa.

A can ciki akwai wani dogon zaure. Mutane ne zaune bibbiyu a kan tabarmi, ɗaya na magana ƙasa-ƙasa, ɗaya na saurare. A tabarmar ƙarshe na gan shi. Ya rame, gemu ya fito har da furfura, murya ta dushe. Na ce, "Yaya Ilu!" Ya ɗago ya gan ni, hawaye suka zubo masa, amma bakinsa bai daina motsi ba. Na ce, "Yaya, ni ce Yalwa! Baba na makancewa, tashi mu tafi!" Ya ci gaba da zubarsa kamar da bango nake. Na kai hannu zan finciko shi, sai tsohuwar da ke saurarensa ta riƙe mini wuyan hannu gam, ta girgiza kai.

Sai da aka kawo abinci ya yi shiru yana ci, sannan ta yi magana. Sunanta Malama Saude, ita ce babbar malamar sashen. Ta ce, "'Yata, zauna ki ji, don kada ki kashe shi da ƙauna. Jarrabawar fita yake yi. Ya ɗauki alkawari zai ba da labarin yadda ya zo inda yake, ba ragi, ba yankewa, ba wata magana a bakinsa sai ita, har labarin ya cika. Salla da barci da cin abinci kawai aka yafe masa."

Na ce, "To ya gama mana! Labarin zuwa makaranta shekara nawa zai ci?"

Ta ce, "Yana farawa daga gidanku, ya bi hanya, ya iso nan, ya yi karatu, har ya kawo ranar da ya zauna a gabana ya buɗe baki. To me ya faɗa a ranar? Labarin nan ne. Tunda ba ragi, dole ya faɗe shi duka. A cikinsa kuma zai sake isowa ranar da ya zauna a gabana."

Na ce, "Inna lillahi! Kuma kuna kallo? Wa ya taɓa gamawa?"

"An ce mutum ɗaya, tun zamanin da. Har yau nazarin yadda ya yi muke yi. Mu malaman nan da kike gani, mu ne matsoratan da ba mu ɗauki alkawarin ba."

"In ya fasa fa?"

Ta nuna bango da haɓa. "Kin ji muryoyin nan da kika shigo? Na waɗanda suka yanke ne. Dutsen ke riƙe muryar, mai ita ya koma gida bebe. Haka kuma in wani ya tsoma masa baki a cikin labarin, in ba wanda aka yi labarin dominsa ba, an yanke ke nan. Ki kama harshenki."

Na rasa inda zan sa kaina. In bar shi, Baba ya makance bai gan shi ba. In ja shi, in kai wa makaho bebe. Na tashi, na zauna, na sake tashi, na zaga zauren kamar kazar da ke neman wurin ƙwai. Can na dawo na ce, "Malama, sake faɗa mini alkawarin nan." Ta maimaita a hankali, har da nata, cewa ba za ta rabu da shi ba kuma ba za ta sa masa baki ba har ya cika. Na ce, "Ban ji zama wuri ɗaya a ciki ba."

Tsohuwar nan ta yi wani murmushi. Ta ce, "Babu shi. Zama gwiwoyinmu ne suka ƙara."

"Shi ne ba ki gaya masa ba?"

"Mai sauraro ba ya ba da shawara. Masu zuwa biko kuwa kuka suke yi su koma, ba wanda ya taɓa cewa in maimaita." Ta yunƙura tana dafa bango. "Bari in sa a ɗaura wa jakin sashe akumari. Inda ya sa ƙafa, nan alkawari ya ce in sa."

Haka muka fito, ina riƙe da hannun Yaya Ilu yana tafe yana zuba, Malama Saude a kan jaki ta karkato kunne, ɗalibai sun fito ƙofar azuzuwa baki buɗe. Mai gadi ya ce dokar fita ma akwai, na ce ya rubuto mini ita Gangaren Shuni.

Sai Filin Ƙi-Sauri. Wayyo, wannan karon abin ya fi na farko. Fara ta fito ta faɗi, Ja ta fito ta faɗi, muna tafiya dutsen na manne da ƙeyarmu. A hanya na ga tsuntsayen kaka sun fara wucewa, na tuna maganar mai maganin ido. Da muka tsaya cin abinci Malama ta ce, "Ni dai ba sauri nake ba. Yayanki kuwa ba ya ma duniyar nan. Jaki kin gan shi. Saura wa?"

Na san maganin, don haka na nemi faɗa. Na ce mata sashensu gidan ɓata 'ya'yan mutane ne. Ta ce akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Na ce karatunsu ko tuwo ba ya tuƙawa. Ta ce ta daɗe tana wannan tunanin. Haba! Mace sai ka ce ruwan randa, ta ina za ka kama ta da faɗa? Na koma zagin jaki, shi ma ya kaɗa kunne ya ƙyale ni. Na zauna a ƙasa na fashe da kuka don takaici.

Malama ta ce, "Tun da muka taso kike jan sa kamar akuya. Kin taɓa jin abin da yake faɗa?"

Na ce ina ni ina sauraren abin da ba ya ƙarewa. Amma da muka tashi, don rashin abin yi, na matsa kusa da bakinsa. Na yi sa'a ya zagayo farko. Sai na ji ya ce, "Baba, ka ji yadda aka yi."

Na yi turus. Ya faɗi zaurenmu, da yadda Baba ke gutsure zare da haƙori, da tabon allura a babban yatsansa. Ya faɗi ranar tafiyarsa, yadda Baba ya raka shi bakin gari yana ta gyara masa wuyan riga da ba abin da ya same shi. Har ni na fito a ciki, wai na biyo shi bakin rafi da hular da ya manta ina zaginsa ina kuka. Ni na ma manta an yi haka. Ya shiga labarin hanya, da yadda ya ƙetare kogin nan mai hawan tudu a cikin ƙwarya, ruwa ya juye da shi. Na buɗe baki zan ce sai me ya faru, Malama ta zuro hannu daga kan jaki ta toshe mini baki. Da na ɗaga kai, ga kukar nan ta bakin fili a gabanmu, mun fita.

Da ya yi barcin rana na tambaye ta, "Ashe ba ke yake ba wa labarin ba?"

Ta ce, "Ranar alkawari kowa na ambaton wanda zai ba wa. Ɗalibai duka mu malamansu suke ambata, don girmamawa, mu kuwa an ɗaure mana baki. Yayanki ne kaɗai ya ambaci mutumin da ba ya nan. Har dariya muka yi masa."

Muka shiga Gangaren Shuni da hantsi, Ja ta ɗago, na ga gonaki an riga an yanke gero. Na saki hannun Yaya Ilu na ruga. Baba na zaune a zaure ya fuskanci ƙofa. Na tsaya a tsakiyar ƙofar, cikin haske, na yi shiru in ga ko zai gane ni. Bai motsa ba. Na yi sallama, sai ya juya kai wajen murya yana laluben iska da hannu.

Na ce, "Baba, yaushe hasken ya tafi?"

Ya ce, "Tun gero na tsaye, 'yar nan. Na riƙe shi iyakar ƙarfina."

Na zube a wurin. Duk gudun nan, duk bororon nan, ashe na makara. Baƙin cikin da na ji ban taɓa jin irinsa ba, ko ranar mutuwar aurena.

Sai ga Yaya Ilu ya shigo da dusasshiyar muryarsa, Malama na biye. Baba ya ɗaga kai. Na fara cewa, "Baba, ba zai iya gaishe ka ba, wani alkawari ne," ya ɗaga mini hannu ya ce in yi shiru yana jin ɗansa. Yaya Ilu ya durƙusa a gabansa, daidai nan ya sake zagayowa farko, ya ce, "Baba, ka ji yadda aka yi."

Baba ya ce, "Ina jin ka, Ilu."

Na dubi Malama a firgice. Ta dafe ƙirji, amma muryar Yaya Ilu ba ta ɗauke ba.

Baba ya lalubo wata riga da allura ya ɗora a cinya, ba don zai iya ɗinki ba, hannun ne ya saba. Ya saurara tun daga zaure har rafi, har kogi, har dutse, yana gyaɗa kai, wani wuri ya yi dariya. Ja ta karkata, Yaya Ilu ya iso wurin nan da na tsana, ya ce, "Sai na zauna a gaban Malama Saude, na buɗe baki na ce mata," ya ja numfashi zai koma farko.

Baba ya ce, "Ka ce mata abin da ka gaya mini yanzu. Wannan na ji shi. Daga nan fa?"

Yaya Ilu ya tsaya baki buɗe. Ya dubi Malama. Ba ta da ikon magana, amma hawaye na bin kuncinta, tana gyaɗa kai kamar wuyan zai cire. Sai ya ce a hankali, kamar mai taka gadar kara, "Daga nan na sake faɗa mata."

"Na ji. Daga nan?"

"Na yi ta faɗa, Baba, shekara da shekaru."

"Duk na ji. Daga nan?"

"Daga nan sai Yalwa ta zo."

Ya faɗi zuwana, da jaki, da fili, da yadda na nemi faɗa da tsohuwa na rasa. Ya kawo mu har ƙofar gida. Ya ce, "Sai na durƙusa a gabanka na fara ba ka labari." Baba ya ce, "Ina nan aka yi wannan." Yaya Ilu ya lalubi abin da ya saura bai faɗa ba, ya rasa. Ya ce, "To, ga ni, Baba."

Malama Saude ta share fuska da gefen mayafi ta ce, "Ya cika." Ta zauna daɓas a ƙasa tana cewa wa zai yarda da ita in ta koma.

Yaya Ilu ya kifa kai a gwiwar Baba yana kuka yana neman gafara, da muryarsa, tasa ta kansa. Baba ya bi fuskarsa da yatsu, goshi, kunci, gemu. Can ya ce, "Yatsun nan zare suka sani, ba su iya fuska ba. Yalwa, ke mai ido, gaya mini yadda ya koma."

Na dubi yayana da kyau, abin da ban tsaya na yi ba tun daga dutsen. Na ce, "Ya rame, Baba. Goshi ya yi layi uku, furfura ta fara daga gefen hagu na gemu, in zai yi magana yana ɗan runtse ido ɗaya."

Baba ya ce, "Kamar wa ke nan?"

Na ce, "Kamar kai sak, lokacin da ya tafi."

Baba ya yi dariya, hawaye na fita daga idanun nan da suka yi fari, ya ce, "To ai na san wannan fuskar. Na gan shi, Yalwa. Tashi ki ɗora wa baƙuwa ruwa."

Na tashi na ɗora. Ni ban ɗaukar wa kowa alkawarin ba ragi ba, don haka abin da ya biyo baya na bar wa gidanmu. Nan na ajiye, mai wurin zuwa ya tashi ya tafi, Allah Ya sa ya tarar da na gida suna gani.